Shekara Ashirin Ana Kiransa "Na Wucin Gadi": Hukuncin Kotun Ƙolin Indiya Kan Leburorin Gwamnati A Ma'aunin Fiƙihu

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Godiya ta tabbata ga Allah Ubangijin talikai, tsira da aminci su tabbata ga Annabinmu Muhammadu, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, a ranar 20 ga Disamba, 2024, Kotun Ƙolin Indiya ta yanke hukunci a wata shari'a da aka fi sani da sunan Jaggo, ɗaya daga cikin masu ƙarar. Ƙananan ma'aikata ne a Hukumar Kula da Ruwa ta Tarayyar Indiya, uku daga cikinsu mata ne masu shara. Ta farkonsu ta fara aiki a 1993, sauran biyun a 1998 da 1999, dukkansu da sunan wucin gadi. Da suka nemi a tabbatar da su, kotun da ke sauraron ƙararrakin ma'aikatan gwamnati ta kori ƙararsu a 2018. A cikin wannan shekarar hukumar ta sallame su, sharar kuma ta koma hannun kamfanin kwangila. Kotun Ƙoli ta soke sallamar, ta umarci a mayar da su bakin aiki a kuma tabbatar da su. Ba ta ba su albashin shekarun da suka yi a gida ba, amma ta ce a lissafa waɗannan shekaru cikin hidimarsu domin haƙƙoƙin ritaya.

Wannan hukunci ya sake tayar da tambayar da alƙalan Indiya suka shafe kusan shekara arba'in suna kai-kawo a kanta. Mutumin da gwamnati ta ɗauka da sunan wucin gadi, yana zuba kwalta ko yashe magudanar ruwa ko gadin ma'ajiyar kaya, ta kuma riƙe shi shekara goma ko ashirin, shin yana da haƙƙin tilasta mata ta tabbatar da shi? Na kawo mas'alar wannan shafi ne saboda kowane ɓangare yana riƙe da hujja mai nauyi, kuma ɗalibin fiƙihu zai gane hujjojin, domin ya taɓa haɗuwa da su a babin ijara da babin shugabanci.

Leburan wucin gadi iri uku ne

Kafin mu shiga hukunce-hukuncen, dole mu rarrabe mutanen da ake magana a kansu, domin yawancin ruɗanin daga cakuɗa su yake tasowa.

Na farko shi ne ɗan ƙwadagon yini. Sunansa yana cikin rajistar kiran suna da ake cikawa kowace safiya a wurin aiki. Ranar da ya zo a biya shi, ranar da bai zo ba, ko da ciwo ne ya kwantar da shi, ba shi da komai. Na biyu shi ne wanda ake cire ladansa daga kuɗin wani aiki ayyananne, kamar ginin madatsar ruwa ko gada. A takarda, aikinsa yana ƙarewa ranar da aka kammala ginin. A zahiri kuwa sai a ɗauke shi zuwa wani ginin, daga nan zuwa wani, har furfura ta riske shi. Na uku shi ne wanda aka ɗauka ƙarƙashin shirin rage talauci, inda manufar gwamnati ita ce sanya kuɗi a hannun matalauta na wasu kwanaki ƙididdigaggu, a musayar aikin ƙarfi.

Abin da dukkansu suka rasa, wanda ma'aikacin dindindin yake da shi, shi ne gurbin da aka amince da shi a kasafi, da matakin albashi, da ƙarin girma, da hutu, da fansho, da kariya daga kora ba tare da bin ƙa'ida ba.

Dokar sasanta rikicin ƙwadago ta Indiya ta 1947 ta tanadi cewa wanda ya yi aikin kwana 240 cikin wata goma sha biyu ana ɗaukarsa ya cika shekara, kuma ba a rage shi daga aiki sai da sanarwar wata guda da diyya. Sai masu ɗaukar aiki suka ɓullo da dabara: a dakatar da lebura na 'yan kwanaki kafin ya cika adadin, sannan a sake rubuta sunansa kamar sabon zuwa. Daga baya aka ƙara wa dokar jadawali da ya lissafa riƙe mutum shekara da shekaru a matsayin wucin gadi, da nufin hana shi matsayin dindindin, cikin ayyukan rashin adalci a ƙwadago. Duk da haka, kotuna sun sha nanata cewa cika kwana 240 kariya ce daga korar gilla kawai, ba ya mayar da mutum ma'aikacin dindindin.

Lokacin da ƙofa take buɗe

A 1986, leburorin yini na Ma'aikatar Ayyuka ta Tarayyar Indiya suka kai ƙara Kotun Ƙoli, a shari'ar Surinder Singh. Kokensu shi ne suna yin aiki iri ɗaya da ma'aikatan dindindin, amma ladansu bai kai nasu ba. Kotun ta umarci a biya su daidai da takwarorinsu, ta kuma bayyana fatan gwamnati za ta tabbatar da waɗanda suka haura wata shida suna aiki ba yankewa. A 1992, a shari'ar Jihar Haryana da Piara Singh, kotun ta ce idan aka riƙe lebura tsawon shekara biyu ko uku, to wannan alama ce da ke nuna ana buƙatar aikinsa a kai a kai, ya kamata hukuma ta duba yiwuwar tabbatar da shi.

Tausayin da ke cikin waɗannan hukunce-hukunce a fili yake, amma ya buɗe wata ɓaraka. Duk jami'in da ke son cusa ɗan'uwansa ko ɗan garinsu a aikin gwamnati ya samu hanya mai sauƙi: ya ɗauke shi a matsayin leburan yini ba tare da talla ko jarrabawa ba, ya bar shi 'yan shekaru, sannan kotu ta tabbatar da shi. Wanda ba shi da kowa a ofis kuwa, ko labarin gurbin ba zai ji ba.

Hukuncin Umadevi na 2006

A ranar 10 ga Afrilu, 2006, zaman alƙalai biyar na Kotun Ƙoli ya yanke hukunci a shari'ar Jihar Karnataka da Umadevi, wadda ta taso daga ƙarar ma'aikatan yini na sashen haraji da aka ɗauka a tsakiyar shekarun 1980. Har yau wannan hukunci shi ne ginshiƙin mas'alar a Indiya.

Kotun ta dogara da sashe na 14 da na 16 na kundin tsarin mulkin ƙasar, waɗanda suka tabbatar da daidaito a gaban doka da daidaiton dama wajen samun aikin gwamnati. Ta ce gurbin gwamnati haƙƙin dukkan 'yan ƙasa ne, kowa yana da damar ya ji tallarsa ya kuma shiga takara. Wanda ya shiga ta bayan fage, daɗewarsa a ciki ba ta halatta shigarsa. Ta amince cewa talaka ba shi da ƙarfin ciniki da gwamnati, yunwa ce ke sa shi karɓar duk abin da aka miƙa masa, amma ta ce wannan bai isa a rushe tsarin ɗaukar aiki saboda shi ba, domin a waje akwai ɗimbin marasa aiki da su ma yunwar ke damunsu, kuma babu wanda ya tsaya musu a kotu. Ta kuma gargaɗi kotuna da su daina ɗora wa baitulmali guraben da masu tsara kasafi ba su ƙirƙira ba.

Sai dai a sakin layi na 53 kotun ta bar taga ɗaya. Ta bambanta tsakanin ɗauka haramtacciya da ɗauka mai tawaya. Wanda yake da cancantar da aikin ke buƙata, aka kuma ɗauke shi a gurbin da aka amince da shi, ya shekara goma ko fiye yana aiki ba tare da umarnin kotu ne ke riƙe da shi ba, to gwamnati ta tabbatar da shi a matsayin gyara na sau ɗaya, ta kuma fara aikin gyaran cikin wata shida. A 2010, a shari'ar Kesari, kotun ta ƙara fayyace cewa haramtacciyar ɗauka ita ce ta wanda ba shi da cancanta ko wanda babu gurbin da aka amince da shi, kuma sakacin hukuma wajen yin gyaran a kan lokaci ba ya ƙone haƙƙin ma'aikaci.

Yadda hukuncin ya zama garkuwar gwamnati

Manufar hukuncin Umadevi ita ce a daina ɗauka ta bayan fage. Abin da ya biyo baya a wurare da dama shi ne hukumomi suka ci gaba da ɗaukar mutane da sunan wucin gadi, idan kuma suka nemi tabbaci sai a ɗaga musu Umadevi. Wato wanda ya karya ƙa'idar ɗauka shi ne yake kafa hujja da karyawar tasa a kan wanda ya ɗauka.

Sannu a hankali kotun ta fara toshe wannan hanya. A watan Oktoba na 2016, a shari'ar Jihar Punjab da Jagjit Singh, wadda ta shafi masu kula da famfunan ruwa da direbobi da masu gadi da makamantansu, ta yanke cewa ma'aikacin wucin gadi da ke yin aiki irin na ma'aikacin dindindin yana da haƙƙin mafi ƙarancin albashin wannan matakin, ko an tabbatar da shi ko ba a tabbatar ba. A 2018 ta duba lamarin Jihar Jharkhand, wadda aka ƙirƙira a watan Nuwamba na 2000, ta yadda babu ma'aikacinta da zai iya cika shekara goma kafin Afrilun 2006. Kotun ta ƙi yarda a yi amfani da wannan lissafi a hana ma'aikatan jihar haƙƙinsu har abada. A 2019 kuma ta yanke hukunci a ƙarar Prem Singh, mai walda da ya fara aiki a 1965 ana biyansa daga kuɗin ayyukan gini a Jihar Uttar Pradesh, ba a tabbatar da shi ba sai a 2002, ya yi ritaya a 2007, aka ce shekarunsa na dindindin ba su kai na fansho ba. Kotun ta ce a lissafa masa shekarun baya.

Sannan aka zo kan shari'ar Jaggo da muka buɗe da ita. Hujjar da ta fi ƙarfi a cikinta hukumar ce ta bayar da ita da hannunta: tun da ta ba kamfani kwangilar sharar bayan ta sallami matan, ta tabbatar da cewa aikin bai ƙare ba, masu yinsa kawai aka sauya. Kotun ta ce abin dubawa shi ne yanayin aikin da tsawon hidimar, sunan da aka rubuta ranar ɗauka ba ya rufe wannan. A watan Janairun 2025 ta bi wannan hanya a ƙarar masu kula da lambu na hukumar birnin Ghaziabad. A watan Agustan 2025 kuma, a shari'ar Dharam Singh, ta duba lamarin masinjoji da wani direba da aka ɗauka tsakanin 1989 da 1992 a wata hukumar ilimi ta Uttar Pradesh, inda gwamnati ta yi ta ƙin amincewa da gurabensu da hujjar rashin kuɗi. Kotun ta umarci a tabbatar da su tun daga 2002, ko da sai an ƙirƙiri ƙarin gurabe dominsu.

Ya kamata ɗalibi ya lura da abu ɗaya. Waɗannan hukunce-hukunce na baya-bayan nan na zaman alƙalai biyu ne, ba su da ikon soke hukuncin alƙalai biyar. Fassara suke yi masa. Saboda haka matsayin doka a Indiya shi ne: daɗewa kaɗai ba ta wajabta tabbatarwa, amma idan daɗewa ta haɗu da aikin da ba ya yankewa, da hidima marar aibi, da kuma shaidar cewa hukuma ce ta ƙi gyara lamarin da gangan, to kotu na iya shiga.

Shirin rage talauci hukuncinsa daban ne

Nau'i na uku bai shiga wannan rangwame ba. Tun a 1992, a ƙarar ma'aikatan lambu na Delhi da aka ɗauka ƙarƙashin wani shirin samar da aikin yi ga matalauta, Kotun Ƙoli ta ƙi tabbatar da su. Dalilinta shi ne an tsara shirin ne domin kuɗin ya zagaya kan mabuƙata masu yawa. Idan aka mayar da rukunin farko ma'aikatan dindindin, sun cinye rabon waɗanda ke bayansu, gwamnati kuma za ta ji tsoron sake ƙirƙirar irin shirin. Dokar samar da aikin yi a karkara ta 2005 ta yi wa kowane gida alƙawarin aikin kwana 100 a shekara, da biyan lada cikin kwana 15, amma ba ta yi wa kowa alƙawarin gurbi ba.

Afirka ta Kudu ta rubuta wannan bambanci ƙarara a dokarta. Gyaran dokar ƙwadagon ƙasar da ya fara aiki a Janairun 2015 ya ce ƙaramin ma'aikaci da aka riƙe da yarjejeniyar wa'adi fiye da wata uku ba tare da dalili karɓaɓɓe ba, ana ɗaukarsa marar wa'adi. A cikin dalilan da dokar ta karɓa kuwa har da kasancewar mutum a shirin gwamnati na ayyukan jama'a, irin wanda ƙasar ta ƙaddamar a 2004.

A ma'aunin fiƙihu

Malamai sun kasa ɗan ƙwadago gida biyu: ajiri na tarayya, wanda ke yi wa mutane da yawa aiki ana biyansa a kan abin da ya gama, kamar tela, da ajiri keɓantacce, wanda ya sayar da lokacinsa ga mutum ɗaya. Leburan gwamnati na biyun ne, kuma hukuncinsa shi ne yana cancantar lada da zarar ya miƙa kansa a lokacin aiki, ko da ba a ba shi abin yi ba. Sharaɗin ingancin ijara shi ne a san lada, a kuma san wa'adi ko aikin. A Suratul Ƙasas mun ga yadda dattijon Madyana ya ƙulla yarjejeniya da Annabi Musa, amincin Allah ya tabbata a gare shi, a kan shekara takwas, cikon goma kuma ya bar shi a zaɓinsa, tare da alƙawarin ba zai tsananta masa ba. Kowa ya san inda aka fara da inda za a tsaya.

Gaskiya ita ce, a asalin ƙa'ida, ijarar yini ko ta wata-wata ba ta rikiɗewa ta zama ta har abada saboda an maimaita ta. Malaman Malikiyya sun bambanta hayar da aka yanke wa wa'adi, wadda ke lizimtar ɓangarorin biyu, da hayar wata-wata, wadda kowa ke iya fita daga cikinta. Wannan yana ƙarfafa ɓangaren Umadevi. Abin da ya ƙara ƙarfafa shi kuwa shi ne cewa muƙamin hukuma amana ne. Ibnu Taimiyya ya gina littafinsa na siyasar shari'a a kan ayar mayar da amanoni ga masu su da ke Suratun Nisa'i, ya kuma nuna cewa wajibi ne shugaba ya ɗora wanda ya fi cancanta a kowane aiki, babba ko ƙarami, bisa ƙarfi da amana. Jami'in da ya cusa ɗan'uwansa ta bayan fage ya ci amanar duk wanda ya fi shi cancanta, kuma shekaru ba sa wanke wannan.

Amma akwai ƙa'idoji huɗu da ke tsaya wa lebura. Ta farko, a ƙulle-ƙullen mu'amala manufa da ma'ana ake dubawa, lafazi yana bin bayansu. Sharar asibiti da gadin makaranta da gyaran bututun ruwa ayyuka ne da ba su da ranar ƙarewa, kiransu wucin gadi bai sauya haƙiƙarsu ba. Ta biyu, haramcin dabarar kauce wa haƙƙi. A takardar zakka da Sayyidina Abubakar, Allah Ya yarda da shi, ya rubuta wa Anas, wadda Bukhari ya ruwaito, an hana raba garken da yake haɗe ko haɗa wanda yake rabe domin gudun zakka. Mai yanke hidimar lebura kafin ta cika kwana 240 domin kada haƙƙi ya hau kansa, raba garke yake yi. Ta uku, ladan tamka: idan ƙullin ijara ya samu tawaya bayan an riga an yi aikin, ana biyan ma'aikaci abin da ake biyan irinsa. Wannan shi ne abin da kotun ta isa gare shi a 2016, kuma bambancin da ta yi tsakanin haramtacciyar ɗauka da mai tawaya ya yi kama da bambancin da Hanafiyya ke yi tsakanin ƙulli ɓatacce tun daga tushe da ƙulli gurɓatacce mai karɓar gyara. Ta huɗu, tasarrufin shugaba a kan talakawansa yana rataye ne da maslaharsu. Alƙali Abu Yusuf ya kawo a littafinsa na haraji cewa Sayyidina Umar, Allah Ya yarda da shi, ya ga wani tsohon Bayahude yana bara, sai ya yanka masa abin masarufi daga baitulmali, yana mai ganin rashin adalci ne a ci moriyar ƙuruciyar mutum a yasar da shi a tsufansa. Idan haka ne ga wanda ya biya jiziya, ina ga wanda ya ba hukuma ƙarfinsa shekara talatin?

Abin da nake gani, kuma Allah ne Mafi sani, shi ne a raba buƙatar lebura gida biyu. Lada daidai da na tamkarsa, da biya a kan lokaci, da lissafa shekarunsa domin tsufansa, haƙƙi ne tabbatacce da ba ya jiran gurbi. Ya tabbata a hadisin ƙudusi da Bukhari ya ruwaito daga Abu Huraira cewa Allah da kanSa zai yi husuma ranar ƙiyama da wanda ya ɗauki ɗan ƙwadago, ya karɓi cikakken aiki, ya hana shi ladansa. Shi kuwa gurbin dindindin, haƙƙi ne da al'umma take da rabo a cikinsa, don haka yana da sharuɗɗa. Inda aikin ya kasance marar yankewa, mutumin ya cancanta, hukuma kuma ta riƙe shi shekaru tana sane, to laifin rashin talla da jarrabawa nata ne. A hukunta jami'in da ya karya ƙa'ida, kada a sauke hukuncin a kan mai tsintsiya.

Abin da ya shafe mu a nan gida

Kowa a cikinmu ya san mai gadi ko mai shara ko leburan asibiti da ya shekara da shekaru ana ce masa takardarsa tana nan tafe. Sashe na 7 na Dokar Ƙwadago ta Najeriya ya wajabta wa mai ɗaukar aiki ya ba ma'aikaci rubutacciyar takarda cikin wata uku da fara aiki, mai bayyana yanayin aikin da lada da wa'adi idan akwai. Mutane da yawa suna ɗauka cewa wannan yana nufin bayan wata uku mutum ya zama na dindindin, alhali sashen bai faɗi haka ba. Sai dai gyaran tsarin mulki na uku na 2010 ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa hurumi, a sashe na 254C, na sauraron ƙorafin rashin adalci a ƙwadago da duba kyawawan ƙa'idojin aiki na duniya, kuma nan ne irin waɗannan hujjoji ke da wurin zama.

Shirin ayyuka na musamman da gwamnatin tarayya ta ƙaddamar a Janairun 2021, na mutum 774,000, dubu ɗaya daga kowace ƙaramar hukuma, a kan naira 20,000 a wata har wata uku, nau'i na uku ne tsantsa. Wanda ya shiga ba shi da hujjar neman gurbi, amma yana da cikakkiyar hujjar neman ladansa, kuma an yi ta jin koke-koken jinkirin biya. Jinkirin mawadaci wajen biyan abin da ke kansa zalunci ne, kamar yadda ya tabbata a Bukhari da Muslim. Shirin N-Power kuwa darasinsa daban ne. An ɗauki rukunin farko a 2016 a kan wa'adin shekara biyu da naira 30,000 a wata, ba a sallame su ba sai a 2020, da yawansu kuma suna koyarwa ne a makarantun firamare. Koyarwa aiki ne marar ƙarewa. Duk lokacin da gwamnati ta toshe giɓin aiki na dindindin da shirin wucin gadi, ta kuma bar wa'adi ya zarce, ita ce take shuka tsammanin da za ta zo tana musantawa.

Nasiha

Ga ɗan'uwa da ke cikin wannan hali: ba a fafe gora ranar tafiya. Ka adana takardar ɗaukarka, da shaidar kowane biya, da duk wasiƙar da ta nuna aikin da kake yi da ranar da ka fara. Waɗanda suka yi nasara a Indiya da irin waɗannan shaidu suka yi, bayan haƙurin shekaru. Ka nemi haƙƙinka ta ƙungiya da kotu, kada kuma jinkirin tabbatarwa ya sa ka ha'inci a aikin da kake karɓar lada a kansa. Ga jami'in da alƙalami ke hannunsa: kada ka ɗauki mutum a aikin da ka san ba ya ƙarewa da sunan wata uku, kada ka yi masa alƙawarin gurbin da ba ka da ikonsa. Ga masu gida da masu makarantu da kwamitocin masallatai kuma: direba da mai gadi da mai aikin gida da malamin Islamiyya da ke ƙarƙashinku, ku fayyace musu lada da wa'adi a rubuce, ku kuma tuna da tsufansu. Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

Allah Ya ba shugabanninmu ikon yin adalci, Ya sanya albarka a guminmu, Ya tsare mu daga cin haƙƙin masu rauni. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa.